Lissafi Mai Gemu

A garejin kamfanin da ke raba sabulu da gishiri da man girki ga shaguna, babu direban da ya kai Dogon Zango daɗewa, babu kuma wanda ya kai shi yawan faɗin haka. Yakan ce ya riga kwaltar bakin ƙofa zuwa, ya ga manajoji sun shigo da takalma masu sheƙi sun fita da kayansu a kwali, shi kuwa yana nan daram. In sabon direba ya miƙa masa hannu, sai ya juya tafin ya duba tukuna, wai ya ga ko sitiyari ya taɓa yi masa kanta. In bai gani ba, ya saki hannun kamar ya taɓa ɗanyen kifi.

Abin da bai taɓa faɗa wa kowa ba shi ne maganar idonsa. Yanar ido ta fara rufe na hagu, fari-fari kamar an ɗiga madara a ruwa. Na dama yana ganin nesa, amma da an kawo rubutu kusa sai baƙaƙen su narke su haɗe. Ya sayi tabarau a bakin kasuwa, ya cusa shi cikin tsohuwar safa, ya ɓoye a aljihun ciki, ba ya fito da shi sai ya tabbata ba kowa. Likita kan zo duba direbobi duk ƙarshen shekara. Bara ya tsira ne don ya haddace allon haruffan tun yana cikin layi. Bana an ce sabon likita ne, da na'urar da ake leƙa cikin ido da ita, kuma na'ura ba a haddace mata komai. Ya san ranar da aka leƙa, ranar sitiyari zai bar hannunsa.

Mafita ɗaya gare shi, kujerar mai kula da fita. Wani ɗan ɗaki ne a bakin ƙofar gareji, da taga ɗaya, da fanka mai kaɗa kai. Wanda ke zaune a ciki shi ke cewa wace mota za ta ina, da man da za a zuba mata. Tsohon da ke kai zai ajiye aiki saboda ciwon ƙafa, kuma likita ba ya duba idon mai kujera. Dogon Zango ya daɗe da ɗaukar kujerar gadonsa. Har ya yanke shawarar zai janye teburin daga inda rana ke dukansa, matarsa kuwa ta riga ta ɗinka matashin da zai jingina da shi, shuɗi mai igiya biyu.

Sai aka kawo sabuwar manaja, mace marar yawan magana, mai takalmi shafaffe. Ba ta yi wata guda ba ta sa aka manna sanarwa a jikin ƙofa: kujerar ba ta daɗewa ba ce, ta jarrabawa ce. Za a yi tambayoyi kan lissafin mai da nisan tafiya, kowane direba na iya zama.

Ranar, mai shayin bakin gareji ya sha labari. Dogon Zango ya ce a duniya bai ga abin raini irin motar takarda ba. Motar takarda ba ta hawa tudu, ba ta faɗawa rami, ba ta tsayawa a cunkoso, tayarta ba ta sacewa, kuma direbanta ba shi da mata balle 'ya'ya. Ya ce wadda ba ta san ƙamshin man gas daga na kananzir ba ita za ta gwada shi da fensir, lallai in ana raye za a ga abin da ya fi haka. Direbobi suka yi dariya yadda ake yi wa babba, kowa na kallon kofinsa.

To, a garejin nan akwai wata al'ada da ta girmi kowa, suna kiranta gemu. In aka tambayi direba man da zai kai shi wuri ya dawo, sai ya lissafa na gaskiya, sannan ya ɗora ɗaya a kan kowane huɗu. In lita arba'in ce, ya ce hamsin. Ƙarin nan shi ne gemun, kuma a bayan rumfar mai facin taya ake aske shi, da guntun tiyo da jarka. Lissafin da ba gemu, in ji su, lissafin yara ne. Tun kafin a koya wa mutum baya da mota ake koya masa wannan. Tsohon mai kujera ya sani sarai, don shi ma da gemunsa ya hau. Dogon Zango kuwa shi ne limamin abin. Kafin ka gama ambatar sunan gari ya faɗa maka lita, da gemunta a taje.

Duk da cika bakin da ya yi wajen mai shayi, da ranar hutu ta zo sai ga shi yana hawa matakalar gidan ƙanwarsa. Malamar firamare ce, tana zaune a ɗaki biyu saman shagon wani tela, inda ƙarar keke ke shigowa ta ƙasan ƙofa wuni guda. Ya ce gaisuwa ce ta kawo shi. Ta ce to, gaisuwar da ba ta zo ba lokacin da ta kwanta asibiti, barka da isowarta yau. Ta ba shi ruwa, ta bar shi ya zagaya, ya zagi manaja, ya zagi masu takarda gaba ɗaya, har ya iso inda za shi. Ta jawo littafin lissafin 'yan aji biyar daga ƙarƙashin tarin takardun da take makawa.

"Yaya, mota tana yin kilomita huɗu da lita ɗaya. Za ta yi tafiyar kilomita ɗari biyu da arba'in. Lita nawa za ta sha?"

"Saba'in da biyar." Ko rufe baki ba ta yi ba.

Ta rubuta a gefe. Ta ba shi wata mai yin biyar da lita, tafiyar ɗari biyu. Ya ce hamsin, yana kallon silin. Ta ba shi ta uku, ya amsa yana hamma, ya tambaye ta ko wannan ne abin da ake biyanta albashi a kai.

Ta juyo da littafin. Ta farko sittin ce, ta biyu arba'in, ta ukun ma ya zarce.

"Ka ga, Yaya, wawa in ya yi kuskure, yau ya faɗi hagu gobe ya faɗi dama. Kai naka kuskuren duk gefen aljihunka yake faɗawa."

Abin mamakin, shi ma mamakin ya yi. Ya rantse bai ƙara komai ba. Da gaske yake, bai ji lokacin da ya ƙara ba. Ya ce sittin ba lissafin mota ba ne, shi bai taɓa ganin motar da ta fita ƙofa da sittin a wannan nisan ba, littafin ne aka buga da kuskure. Ta ce to ya raba da hannunsa ya gani. Ta tura masa fensir da takarda. Ya kai takardar nesa, ya kawo ta kusa, ya karkata kai, daga bisani ya juya mata baya ya zaro safar nan.

Ta dube shi da tabarau a hanci, ta dubi idon hagun da kyau, ta tambaye shi tun yaushe. Ya ce na ado ne. Ta ce lallai kam, shi ya sa ake ajiye shi a safa. Ba ta ƙara ba, ta san halin ɗan'uwanta, in ka matsa masa sai ya fasa abin da ya zo yi don kawai ya nuna maka.

Ya raba ɗari biyu da arba'in gida huɗu, yana latsa fensir kamar mai sassaƙa. Sittin ta fito. Ya zuba mata ido kamar baƙuwar da ta shigo ba sallama.

Ta ce masa sabo turken wawa ne. Shekara da shekaru yana faɗin ƙarya ɗaya kullum safe, har kansa ya daina bi ta kan gaskiyar, kai tsaye yake zuwa ƙaryar ya tsaya. Doka ɗaya ta ba shi: kada ya yarda da kansa. Kansa ɓarawo ne da ya daɗe a gidan har ya zama ɗan gida. Ya yarda da fensir kawai, ya rubuta nisa, ya rubuta abin da mota ke yi da lita, ya raba a takarda, abin da ya fito shi ne, ko da ya ga kamar tsirara yake.

Haka ya riƙa zuwa duk ranar hutu. Ta samo masa bayan kwalayen sabulu yana rubutu manya-manya a kai. Ya koyi ta zuwa da dawowa, ya koyi ta motar da ta tashi da rabin tanki, ya koyi juya tambayar, in an ba shi lita ya faɗi nisa. In yana da tabarau da fensir ba ya kuskure. In ta yi masa tambaya ba zato, yana shan ruwa ko yana ɗaura takalmi, sai gemu ya fito. Sai ta ce ga ɗan gidan nan ya leƙo. Shi kuwa ya ce gwada ta yake yi.

Mutum biyar suka ba da suna don jarrabawar, har da shi. Huɗun bai ɗauke su bakin komai ba, sai da ya hangi wani abu a motar Sannu-Sannu. Sannu-Sannu direba ne mai sanyin jiki, wanda Dogon Zango ya koya wa baya da mota da zagi, kuma har yanzu yake cewa yana tuƙi kamar mai ɗauke da ƙwai a cinya. A bayan kujerarsa aka ga littafin lissafi, gefensa duk ya naɗe don buɗawa. Daren ranar Dogon Zango bai ci abinci da daɗi ba. Da gari ya waye kuwa ya tashi da dabara, har yana yi wa kansa murmushi a madubin mota.

Ya tara su huɗun bayan rumfar mai faci, inda ƙasa ta yi baƙi da mai. Ya yi magana ƙasa-ƙasa, irin ta uba. Ya ce jarrabawar nan tarko ce, ba kujera ake son bayarwa ba, bakinsu ake son ji. Duk wanda ya rubuta lissafi askakke ya shaida da hannunsa cewa sun san gaskiya tuntuni suke take ta. Daga nan sai a koma baya a auna abin da kowa ya karɓa, kuma in gemun ɗan'uwanka ya kama wuta ai ka san abin da za ka yi wa naka. Amma in su biyar suka rubuta abu ɗaya, da gemunsa, dole matar nan ta yarda haka motoci ke sha, littafinta ne bai san hanya ba. Kujera kuma ta ba wanda ta ga dama, duk nasu ne.

Mai Tanka, wani ƙato mai yawan dariya da ke jan motar man girki, ya ce wallahi Baba ya yi magana. Sannu-Sannu ya gyaɗa kai a hankali yadda yake yin komai. Suka dafa kan motar Dogon Zango su biyar, kamar yadda ake yi a garejin in magana ta yi nauyi, suka ce duk wanda ya aske, kada mota ta sake tashi a hannunsa.

Ya je ya ba ƙanwarsa labari yana dariya har da tari. Huɗu za su rubuta gemu su faɗi, shi kaɗai zai rubuta gaskiya ya haye. Ya ce tunkiya ma ta fi su, ita ko ba komai takan waiga in ana jan ta. Ƙanwar ta ci gaba da makin takardunta. Can ta ce masa in zai haƙa ramin mugunta ya haƙa shi gajere, kuma ita dai ba ta taɓa jin an ce uwarsu kaɗai ce ta haifi mai wayo ba. Ta ƙara da cewa ya sa tabaraunsa ranar, kowa ya gani, tabarau ba laifi ba ne. Ya ce ta tsaya ga 'yan aji biyar, harkar manya ta fi ƙarfinta.

An yi jarrabawar a ɗakin taro na sama, mai dogon labule da warin sabon fenti. An jera tebur biyar nesa da juna. Dogon Zango ya shigo da rigar da matarsa ta goge har tana tsayuwa da kanta, ya wuce kai tsaye ya zauna a na gaba, don ba a ga dalilin da babba zai zauna bayan yaransa ba. Sai da ya zauna ya lura teburin na fuskantar na manaja, tsakaninsu bai fi taku uku ba.

Aka raba takardu. Rubutun na'ura ne ƙanana, a idonsa kamar tururuwa sun bi layi. Ya kai hannu aljihun ciki, yatsunsa suka taɓa safar. Daidai lokacin manaja ta ɗago kai ta dube shi, kallo na kawai, irin wanda ake yi wa agogon bango. Hannun ya sauya hanya, ya sosa ƙirji ya dawo kan tebur. In ta ga tabarau za ta dubi idon, in ta dubi idon za ta tuna da likita. Haka ya lissafa, kuma a ganinsa lissafin ya yi.

Sa'arsa, ta ce za ta karanta tambayoyin da ƙarfi ɗaya bayan ɗaya, ta ba da lokaci tsakani, kada wani ya ce bai gane rubutun ba. Ta karanta ta farko: mota na yin kilomita biyar da lita, za ta yi tafiyar ɗari da ashirin. Kafin ta sauke takardar, talatin ta riga ta zauna a kansa ta miƙe ƙafa.

Ya tuna da dokar. Ya ɗauki fensir ya rubuta nisan a gefe, ya ja layin rabawa. Da ya duba abin da ya rubuta, sai ya ga layin biyu ne, lambobin sun hau juna. Ya rufe idon hagu, ba sauyi. Ya sake rubutawa a ƙasa, bai san ko a kan na farkon ya rubuta ba. Ya saci kallon baya. Su huɗun sun duƙufa, Mai Tanka har harshe ya fito. Ya ce a ransa, dubi wawaye, gemun ma sai sun yi masa gumi.

Manaja ta fara karanta ta biyu.

Nan ya yanke hukunci. Ya ce ai makonnin nan da ya yi yana hawa matakalar tela ba a banza suka tafi ba, kansa ya warke. Mutum kamarsa, da aka nuna masa abu sau ɗaya ya isa. Talatin ɗin nan askakkiya ce, ji yadda ta zo da sauri, ji yadda ta zauna daidai, ba ta yi masa kama da ƙarya ba ko kaɗan. Ya rubuta ta ɓaro-ɓaro. Daga nan bai ƙara wahalar da fensir ba. Tana karantawa, kai na bayarwa, hannu na rubutawa. Shi ya fara gamawa, kamar yadda ya dace da babba. Ya ajiye mata takardar da yatsa biyu, ya fita yana kaɗa mukullin mota.

Da yamma ya ce wa matarsa ta fito da matashin ta kakkaɓe.

Bayan kwana biyu aka ce manaja na kiransa. Ya hau sama yana shirya abin da zai ce in ta taya shi murna, kada ya nuna zumuɗi, ya ce dai an gode, dama abin a fili yake. Ya tarar ta shimfiɗa takardu biyar a kan tebur. Ta nuna masa kujera, ta ce huɗu daga ciki amsoshinsu ɗaya ne, kuma daidai suke da littafi. Sannu-Sannu bai faɗi ko ɗaya ba. Ta farko, ashirin da huɗu, duk su huɗun.

Abin da ya fara zuwa masa ba tsoro ba ne, haushi ne. Maciya amana. Mutanen da suka dafa mota da hannunsu, a gabansa, suka rantse. Har ya buɗe baki zai ce wannan zamani ba alkawari, sai ya tuna inda yake, ya kuma tuna abin da shi kansa ya shiga ɗakin da niyyar yi.

Ta jawo ta biyar ɗin, mai manyan lambobi kamar na jikin mota. Ta ce tasa ko ɗaya ba ta dace da littafi ba, amma ba wannan ne ya tsayar da ita ba. Kowace amsa ta zarce da ɗaya bisa huɗu, ba ƙari ba ragi. Kuma da ta duba man da garejin ke karɓa kullum, sai ta ga a cikin su biyar, amsoshinsa ne kaɗai suka yi daidai da shi.

"Baba, ni abu biyu na gani. Ko dai ba ka iya lissafi ba, ko kuma ka iya shi fiye da yadda ya kamata. Wanne zan rubuta?"

Fankar ɗakin ta yi ta juyawa. In ya ce bai iya ba, gobe mai shayi ma sai ya riƙa ƙirga masa canji da ƙarfi, shi da ya shekara yana kiran mutane jakai. In ya ce ya iya, ya amsa sunan ɓarawo da bakinsa, kuma ba ta ƙofar gaba zai fita ba. Gaba kura, baya sayaki. Ya duba ko akwai hanya ta uku, sai ya ga akwai, ita ce wadda ya shekara biyu yana toshewa.

Ya sa hannu a aljihun ciki ya fito da safar, ya zare tabaraun ya ajiye kan takardarsa.

"Ranki ya daɗe, takardar ce ban gani ba."

Ta dubi tabaraun, ta dubi safar, sannan ta matso ta dubi idon hagun, ta daɗe tana dubawa. Ba ta tambaye shi yadda makanta ke ƙara ɗaya kan kowane huɗu ba, kuma ya gane ba mantawa ta yi ba. Abin da ta tambaya shi ne, da wannan idon yake ɗaukar mata mota cike da kaya ya bi ta gaban makarantu da safe? Ta buɗe tafin hannunta a kan tebur. Ya daɗe yana cire mukullin daga zobensa, farcensa na zamewa. Ta ce katin asibitinsa na kamfani yana nan da rai, ya je a cire yanar, in likita ya rubuta ya gani, sai a san abin da ake ciki. Maganar mai kuwa, ta ce ya bar ta, sabon mai kula da fita ya san inda ake askewa.

Da ya sauko, Sannu-Sannu na cikin ɗan ɗakin bakin ƙofa, fanka na kaɗa masa kai. Har ya janye teburin daga inda rana ke dukansa. Dogon Zango ya tsaya a taga, inda direbobi ke tsayawa.

"Kun dafa mota," in ji shi.

"Mun dafa, Baba. Kai ma ka dafa." Sannu-Sannu ya faɗa a hankali, yana gyara fensir a kunne. "Telan da ke ƙasan gidan ƙanwarka surukin Mai Tanka ne. Duk ranar hutu yana ganin ka hau da kwali ka sauko da kwali. Mu mun ɗauka kai za ka fara karyawa, shi ya sa ba mu jira ka ba."

Mai Tanka, da ke jingine da ƙofa, ya ce a'a, a daina ɓata wa Baba suna. A duk garejin nan mutum ɗaya ne tak ya riƙe alkawari, ga shi nan tsaye, ya kamata a ɗaga masa hannu. Ya ɗaga nasa, cikinsa na rawa don dariya. Sauran suka juya baya suna tari.

Abin da ba wanda ya zata, Dogon Zango ya ɗauki maganar ya sa a aljihu. Kafin la'asar ya zauna wajen mai shayi yana bayar da ita a matsayin tasa. Ya ce shi ya ga amsar gaskiya ƙuru-ƙuru a gabansa, amma ya tuna ya dafa mota, kuma shi ba a haife shi a zamanin cin amana ba. Kujera ce, ya bar wa yara. Mai shayi ya ce haka ne, Baba, ya ci gaba da fifita wuta. Washegari motoci suka fita da lissafi askakke, direbobi suna kumbure-kumbure, kuma ba Sannu-Sannu suke harara ba, bencin mai shayi suke harara, wurin zaman Dogon Zango. Matarsa ta kwance igiyoyin matashin ta sa shi a kujerar tsakar gida, inda yanzu yake wuni.

Ranar da za a kai shi asibitin ido, ƙanwarsa ce ta zo da 'yar ƙaramar motarta, wadda ya sha cewa ko a kyauta aka ba shi zai tambayi laifin da ya yi. Ya zauna a gefen mai zaman banza, gwiwoyinsa na taɓa gaba. Tun daga ƙofar gida yake gyara mata tuƙi, ta yi kwana da faɗi, ta taka birki da wuri, ta riƙe sitiyari kamar tana tankaɗe. Ya ba ta labarin alkawarin da ya riƙe. Ta saurara har ƙarshe, ta ce Allah sarki, ashe haka aka yi, ita da ta ɗauka tabarau ne ya ƙi sawa.

Suka tsaya gidan mai. Ta ce masa motar na yin kilomita goma sha biyu da lita, asibitin kuma zuwa da dawowa casa'in da shida ne, shi da yake gwani ya faɗa mata nawa za a zuba.

"Goma," in ji shi, ko juyowa bai yi ba.

Ta sauke gilashi ta ce wa mai zuba mai ya sa takwas.